Ta Ina Za Ka Fara Karanta Littafan Tatsuniyoyin Indiya?

To, in ka saba kallon fim ɗin Indiya, rabin hanya ka riga ka ci. Amma kar ka faɗa kai tsaye, fara da Jaya na Devdutt Pattanaik don ka gane wane ne wane a Mahabharata, wato wani dogon daɗaɗɗen labarin Indiya, saboda sunayen suna da yawa wallahi, sai kanka ya juya. Daga nan ka ɗauki The Palace of Illusions na Chitra Banerjee Divakaruni na 2008, inda Draupadi mai miji biyar ke ba da labarin Mahabharata ɗin da bakinta, ni shi na fi so. In faɗa kake nema, The Immortals of Meluha na Amish Tripathi ya mai da Shiva, ɗaya daga cikin abubuwan bautar Hindu, ɗan Adam mai yaƙi, Turancinsa ma ba wuya.