Yadda na shawo kan kifin maharbi da ya ƙi cin abinci

Kwana shida kifayena biyu ba su ci komai ba a ɗakina na Agege. Irin kifayen nan ne da ake kira maharba, masu ɗigon baƙi a jiki, sunansu na kimiyya Toxotes chatareus. Hankalina ya tashi ƙwarai.

Ashe laifina ne. Na cika tankin gilashin har baki, ina ba su abincin da ke nutsewa ƙasa. Shi kuwa wannan kifi, a bakin kogunan Indiya har zuwa arewacin Ostireliya, sama yake kallo. Yakan matse harshe a rufin baki ya feso ruwa, ƙwaron da ke kan ganye ya faɗo, ya cafke.

Sai na rage ruwan da kamar taƙi ɗaya, na gitta busasshen reshe a sama, na saki gyare a kai. Na zuba gishirin teku kaɗan-kaɗan cikin kwana uku, ba gishirin miya ba, domin inda koguna ke shiga teku ruwan yana da ɗan gishiri. Ɗumin Legas ya wadatar, digiri 25 zuwa 30 suke so.

Washegari da hantsi babban ya harbo gyare. Na sa murfin raga kuma, domin suna tsalle sosai.