Darasi na Bakwai: Sunan Gida da Sunan Takarda

Da wuya a sami Bahaushe mai suna guda. Akwai sunan yanka, wanda ake bayyanawa ranar bakwai da haihuwa, bayan an yanka rago, liman ya yi addu'a, an raba goro. Akwai kuma sunan da uwa da kakanni ke kiran yaro da shi a tsakar gida, wanda sau da yawa shi ne ke bin mutum har tsufa.

Sunan yanka galibi na annabawa ne da sahabbai da iyalan gidan Manzon Allah (SAW). Ya zo mana daga Larabci, bakinmu kuma ya sarrafa shi, shi ya sa Abubakar ya zama Habu ko Garba, Ibrahim ya zama Iro, Hadiza ta zama Dije, A'ishatu kuma Indo. Idan uba yana son ƴaƴansa maza duka su ci sunan Muhammadu, sai a bambanta su da ƙidayar Larabci, na fari Lawali, na biyu Sani, na uku Salisu, na huɗu Rabi'u, har a kai Ashiru, na goma.

Sunan gida shi ya fi ɗauke da labari, kuma tushensa alkunya ce. Uwa ba ta faɗar sunan ɗanta na fari, haka kuma idan aka mayar wa yaro sunan kakansa, matar gida ba za ta buɗe baki ta kira sunan surukinta ba, sai ta ce Abba ko Baba. Wani ranar haihuwarsa ce ta ba shi suna, kamar Ladi, Talatu, Balarabe, Lami, Ɗanjuma da Asabe. Wani lokacin zuwansa ne, kamar Azumi, Tasalla, Nomau da Anaruwa. Namijin da ya biyo bayan mata shi ne Tanko, macen da ta biyo bayan maza Delu ko Kande, mai bin tagwaye kuwa Gambo.

Akwai sunayen da ya kamata a faɗe su da girmamawa. Matar da ƴaƴanta ke rasuwa tun suna ƙanana, wadda ake cewa tana wabi, takan kira wanda ta haifa daga baya Ajefas ko Ayashe, kamar ba ta damu da shi ba, alhali zuciyarta na rawa a kansa dare da rana. Wata kuma takan ce Barmani, tana roƙon Allah Ya bar mata. Duk wanda ya san wannan ba zai yi wa mai irin sunan nan dariya a aji ba.

Mu ba mu da sunan dangi da ake gada daga kaka zuwa jika irin na Turawa. Mutum yana haɗa sunansa da na mahaifinsa, saboda haka ɗan Sani Iro zai zama Habu Sani, sunan Iro kuma ya tsaya nan. Wasu da sana'a ake saninsu, kamar Maigoro ko Wanzami, wasu da garinsu, kamar Shehu Shagari, shugaban Najeriya daga 1979 zuwa 1983. A nan Maradi ma, sarakunan Katsinawa irin su Ɗan Kasawa da Ɗan Baskore da laƙabinsu tarihi ya riƙe su.

Wahalar tana farawa ne a gaban ma'aikaci, domin takardun gwamnati sun saba rubuta sunayenmu da ƙa'idar Faransanci, inda "u" ke komawa "ou", "sh" kuma "ch". Yusufu ya zama Issoufou, Shu'aibu ya zama Chaibou, Usman ya zama Ousmane, kamar a sunan Mahamane Ousmane da aka zaɓa shugaban ƙasar Nijar a 1993. Idan uwa ta ce Tanko a gidan likita, uba ya ce Lawali a makaranta, yaro guda ya zama mutum biyu a takarda, kuma ranar jarrabawa ko ranar neman katin ɗan ƙasa sai an je gaban alƙali kafin a gyara. Don haka idan za ku yi wa yaro takardar haihuwa a ofishin magajin gari, ku je da wuri, ku ba da sunan yanka da na mahaifi, ku karanta harafi bayan harafi kafin ku bar wurin.

Aikin gida: kowa ya rubuta sunansa na yanka da na gida da Hausa, ya kwafe sunan da ke katinsa a ƙarƙashinsu, sannan ya tambayi wani dattijo a gidansu dalilin da ya sa aka ba shi sunan gida, ya zo da amsar a darasi mai zuwa.