Yadda ake shuka asfaragos a lambun gida

Asfaragos shuka ce da ake cin tofonta, wato ɗanyen tsiron da ke fitowa daga ƙasa kamar kan mashi, tun kafin ya buɗe ganye. Sau ɗaya ake shuka ta, amma idan ta kama ƙasa tana iya kai shekara 15 zuwa 20 tana ba ka amfani. Sai dai sharaɗinta mai nauyi ne: za ka yi mata hidima shekara 2 ko 3 kafin ka ci na kirki, kuma yawancin masu yin asara a nan suke faɗuwa.

Da farko zaɓi wuri, kuma ka zaɓa da tunanin cewa ba za ka sake taɓa shi ba, domin saiwarta ba ta son ƙaura. Gefen lambu ya fi, inda rana ke samu awa 6 zuwa 8 kuma dogon ganyenta ba zai yi wa sauran shuke-shuke inuwa ba. Tana son ƙasa mai rairayi wadda ruwa ke wucewa. Idan ruwa yana kwanciya a wurin bayan an ɗauke ruwan sama, saiwar ruɓewa za ta yi, don haka ka ɗaga kunya ko ka nemi wani wuri. Ba ta son ƙasa mai tsami. A ma'aunin tsamin ƙasa da ake kira pH, 6.5 zuwa 7.5 ya fi dacewa. Ka tone ciyawa tun daga tushe, sannan ka cakuɗa ruɓaɓɓen taki da yawa.

Hanya biyu ake farawa, ko da iri ko da saiwa 'yar shekara ɗaya. Ni na fi son saiwa, don tana rage maka jiran shekara guda. Wanda iri kawai ya samu sai ya jiƙa shi kwana ɗaya, ya yi reno, ya kuma sani cewa tsirowar na iya ɗaukar mako 2 zuwa 3 ko fiye. Kamar dabino, wannan shuka tana da namiji da mace. Macen tana kashe ƙarfinta wajen yin jajayen 'ya'ya, waɗanda ba a ci don suna da guba, shi ya sa namijin ya fi ba da tofo. Nau'in Jersey Knight kusan duk maza ne, Mary Washington tsohon nau'i ne mai maza da mata, UC 157 kuwa a jihar Kalifoniya ta Amurka aka samar da shi kuma ya fi jure ɗumi.

Yanzu dasawa. Haƙa dogon rami mai faɗin santimita 30, zurfin santimita 20. A tsakiyarsa ka tara ƙasa ta yi ɗan tudu. Ɗauki saiwar ka duba ta: tana da kai a tsakiya mai ƙananan idanu, da jijiyoyi masu kauri da suka zubo ta ko'ina kamar igiyoyi. Ɗora kan a bisa tudun, idanun suna kallon sama, ka baza jijiyoyin da yatsunka su sauko ta kowane ɓangare, kada ka bari su naɗe ko su karye. Bar tazarar santimita 30 zuwa 45 tsakanin saiwa da saiwa, mita 1.2 zuwa 1.5 tsakanin layuka. Rufe da ƙasa kamar santimita 5 kawai ka ba da ruwa. Yayin da tsiro ke tasowa sai ka riƙa ƙara ƙasa kaɗan-kaɗan har ramin ya cika.

Ga inda nake roƙonka ka danne zuciya. Tofon farko zai fito siriri, kore shar, hannunka zai yi ta ƙaiƙayi. Kada ka yanka ko ɗaya a shekarar farko. Bar shi ya yi tsawo ya buɗe wannan ganye mai laushi kamar gashi, wanda kan kai mita 1.5. Ganyen nan shi ke haɗa abinci daga hasken rana ya tura wa saiwa ta adana, kuma daga wannan ajiya tofon baɗi zai fito. Wanda ya yanke da wuri ya cinye jarinsa ne, sauri ya haifi nawa. A shekara ta biyu ma ni barin ta nake yi. Idan ta yi ƙarfi sosai, yankan mako 2 ya isa. A ta uku ka yi mako 4, daga nan ka kai 6 zuwa 8.

Kafin nan aikinka ban-ruwa ne da cire ciyawa. Ka cire da hannu, domin fartanya tana sare tofon da bai fito ba. Shimfiɗa busasshiyar ciyawa ko ganye a kan kunyar don riƙe laima, kuma ka ƙara taki duk shekara. Idan ka ga ƙwaro yana cin ganyen ka tsince shi, reshen da ya yi ɗigo-ɗigon tsatsa kuma ka cire ka ƙone.

Shukar tana buƙatar hutu a kowace shekara. A ƙasashen sanyi, hunturu ne ke sa ganyen ya yi rawaya ya bushe, sai a sare shi dab da ƙasa. Inda ba a yin irin wannan sanyi, janye ruwa ake yi har ganyen ya bushe, a sare, sannan a dawo da ban-ruwa sabon tofo ya ɓullo. Da wannan dabara manoman ƙasar Peru da ke Kudancin Amurka ke noma ta a busasshiyar gaɓar tekunsu har suna fitarwa ƙasashen waje.

Ranar yanka, nemi tofo mai tsawon santimita 15 zuwa 20 wanda kansa ke tsuke bai fara buɗewa ba. Yanke shi da wuƙa dab da ƙasa, ko ka lanƙwasa shi ya karye da kansa. Ka leƙa kullum da safe, don in akwai ɗumi tofon jiya yakan wuce lokacinsa yau. Da zarar ka ga sababbin suna fitowa ba su kai kaurin fensir ba, ajiye wuƙar, ka zuba taki, ka bar sauran su yi ganye.