Yadda Ake Zama Ɗan Fim Mai Sana'a Fiye Da Ɗaya A Kannywood

Duk wanda ya taɓa zuwa lokeshan a Kano ya san kuɗin fim ba sa isa a ɗauki ma'aikata rututu, shi ya sa wanda ya iya aiki biyu ko uku ba ya rasa kira. Ali Nuhu a gaban kyamara aka fara saninsa, ya zama darakta da furodusa a kamfaninsa na FKD, har a Janairun 2024 aka naɗa shi shugaban Hukumar Fina-finai ta Nijeriya da ke Jos. Ga yadda nake ganin ya kamata matashi ya hau wannan tsani.

Da farko ka nemi maigida. Je ka Zoo Road inda ofisoshin 'yan fim suke, ka roƙi a sa ka kontiniti, wato mai lura da kada kaya ko yanayi su sauya daga wannan ɗauka zuwa waccan. Matasa na raina aikin nan, alhali nan ce makarantar. Littafi da biro ne a hannunka: wace hula jarumi ya sa, da wane hannu ya riƙe kofin shayi, shayin a cike yake ko ya kai rabi. Sin ɗin (wato fitowa guda a fim) da aka fara yau ana iya ƙarasa shi bayan kwana huɗu, in ba ka rubuta ba sai mutum ya shiga ɗaki da zanna bukar ya fito da dara. Kana tsaye kusa da darakta wuni guda, kana jin dalilin da ya sa ya ce "kot", wato a tsayar da ɗauka.

Mataki na biyu, ka zauna kusa da edita, nan nake so ka fi daɗewa. Sauke manhajar haɗa hotunan bidiyo ta DaVinci Resolve, akwai na kyauta, ka roƙi ragowar hotunan da aka gama da su ka riƙa haɗawa da kanka. A gaban kwamfuta za ka ga hoton da aka manta ba a ɗauka ba, da maganar da ƙarar janareta ta cinye. Wanda ya sha wannan wahalar, ranar da ya zama darakta ba zai tashi daga lokeshan da giɓi ba.

Daga nan sai sauti da fitila. Riƙe sandar makirfo, ka saba da dakatawa har ɗan adaidaita sahu ya wuce.

Na huɗu, rubuta labari na minti biyar, mutum biyu a ɗaki ɗaya, ka ɗauka da waya, ka tace, ka ɗora a YouTube. Amma don Allah kada ka haɗa riƙe kyamara da ba da umarni da fitowa a fim guda, ɗaya zai ci ɗaya.

Furodusa shi ne na ƙarshe, domin dukiyar mutane ce a hannunka. Yi rajista da Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, ka shiga MOPPAN, ƙungiyar masu sana'ar shirya fim, kuma duk wanda za ka ɗauka aiki, ko ɗan uwanka ne, ku rubuta kuɗinsa da ranar biya a takarda kafin a kunna kyamara.