Yadda za ka tsare gonar masallaci kafin ta zama gadon wani

Shekara goma sha ɗaya ke nan littafin kwamitin masallacinmu yana hannuna, a wani ƙauye kudu da Tawa. Damina uku gonar masallacin ta kwana ba shuka saboda rigima. Wani dattijo ne ya ba da ita tun ina yaro, limamin lokacin yana nomawa. Da su biyun suka kwanta dama, ƴaƴan liman suka ce gadon ubansu ce, ai a cikinta suka koyi riƙon hauya. Jikokin dattijon kuma suka ce aro ne, a mayar musu. Takarda ko guda babu.

Muna cikin haka ɗan ƙanena da ke karatu a Indiya ya zo hutu. Ya saurare ni, ya ce: "Baba, ai wannan shari'ar an yi ta can." A wurin mabiya addinin Hindu, in aka ba ɗakin bauta fili, doka tana ɗaukar abin bautar kansa a matsayin mai filin, har ana shigar da ƙara da sunansa. A watan Satumba na 2021 Kotun Ƙolin Indiya, a wata shari'a daga jihar Madiya Faradesh, ta yanke cewa mai hidimar ɗakin bauta mai kula ne kawai, filin ba nasa ba ne, kuma sunan abin bautar ne zai zauna a gurbin mai mallaka cikin rajistar filaye. Addininmu da nasu hanyar jirgi daban ta mota daban, amma ciwon ɗaya ne: mai riƙo ya daɗe da riƙo har ƴaƴansa su ɗauka nasu ne.

To, ka fara tun mai bayarwa yana da rai da lafiya. Ka tara magadansa, maza da mata, gaban maigari, ya faɗa da bakinsa: aro ne, kyauta ce ga liman, ko wakafi ne ga masallaci. Kalmomin nan uku a zaure kamar abu ɗaya suke, gaban alƙali kuwa kowace da hukuncinta. Wakafi shi ne irin wanda Sayyadina Umar ya yi da gonarsa ta Haibara: ba a sayarwa, ba a kyautarwa, ba a gado. Kada kuma ka tsaya ga furuci. A mazhabar Malikiyya sai an karɓi abin a hannu. In mutum ya ce ya bayar amma ya ci gaba da nomansa har ya rasu, gona ta koma cikin gado. Wanda kuwa ya bayar yana kan ciwon ajali, ba ya wuce sulusin dukiyarsa sai da yardar magada.

Daga nan sai takarda. Dokar tsarin karkara ta Nijar, ta 2 ga Maris 1993, ita ce ta kawo kwamitocin kula da filaye: Kofob a ƙauye ƙarƙashin maigari, Kofokom a komin, Kofodep a gunduma. Ka nemi Kofob ta rubuta takardar shaidar bayarwa. A nan nake so ka buɗe ido sosai, don a nan mutanen kirki ke tafka kuskure. Saboda girmamawa, sai a ce a sa sunan Malam. Kada ka yarda. A rubuta sunan masallacin, a rubuta cewa wakafi ne, a rubuta cewa liman da kwamiti masu kula ne. Malam ba zai ci amana ba, na sani, amma takarda ta fi Malam tsawon rai, kuma jikansa abin da ya gani a rubuce zai karanta. Ka tabbata kofi ya isa komin, ɗaya ya zauna cikin akwatin masallaci, ka kuma ɗauki hotonta a waya. Gara ba ta san wakafi ba.

Ranar rubutun, a taka iyaka da ƙafa tare da maƙwabtan gonar duka. Mu kalgo guda ne shaidarmu ta gabas, wani ya sare shi ya yi itace, iyaka ta tafi cikin murhu. Yanzu duwatsu muka jera, ƙasarmu ta Adar ba ta rasa su, muka bi da siminti a kusurwa huɗu. In akwai burtali kusa, a bar masa faɗinsa.

Wanda zai noma gonar, ko liman ne ko ladan, kowace kaka ya kawo dami zuwa rumbun masallaci, ko guda biyu ne, a rubuta a littafi da kwanan wata gaban shaidu. Ba don hatsin ba. A shari'ar gona ta gargajiya, abin da ake fara tambaya shi ne wa ke ba wa dami, domin mai gona ba ya biyan kowa. Da wannan muka tsira: wata tsohuwa ta tuna shekarun da take sussukar damman da liman ke aikowa don sadakar azumi.

In rigima ta riga ta tashi, kada ka je ka tuge shukar kowa, daga nan ake kwana a jandarmari. Sulhu ake farawa da shi wurin maigari, in ya gagara a je wurin sarki. Ko an shirya ko ba a shirya ba, ka nemi a rubuta takardar zaman, don ita kotu za ta nema kafin ta saurare ka. Kuma ka tayar da maganar da rani. Wanda ya jira ruwan farko ya yi asarar shekara.

Fili cikin birni, kamar Tawa ko Yamai, hanyarsa ta ma'aikatar magajin gari ce da ofishin filaye, har a kai ga titir, wato takardar mallakar fili ta gwamnati. Tun 2019 Nijar tana da doka ta musamman kan wakafi, akwai kuma hukumar da ke kula da shi a Yamai, babban abu irin kanti ko gidan haya ya cancanci a kai shi can.

Tamu gonar bana wake muka sa tsakanin hatsi. Babban ɗan marigayi liman ne ke noma ta, kuma ranar Juma'ar da ta wuce ya kawo dami huɗu a amalanke, na rubuta, ya dangwala yatsa.