Yadda za ka fara kallon finafinan Satyajit Ray

Duk wanda ya tashi da finafinan Indiya masu rawa da waƙa da dambe, ya kamata ya ajiye wannan sabo a gefe kafin ya tunkari aikin Satyajit Ray, daraktan nan haifaffen Kalkata da aka kai wa lambar girmamawa ta Oscar har gadon asibiti a 1992, shekarar da ya rasu. Kusan dukkan finafinansa da harshen Bengali ya yi su, don haka sai ka nemi kwafin da ke da fassara a ƙasan allo, ka kuma zauna a natse, domin labarinsa ba ya gaggawa.

Ka fara da Pather Panchali na 1955, wanda ya soma ɗauka tun yana mai zane a kamfanin talla, kuɗi suka yanke masa har matarsa ta jinginar da gwala-gwalanta, kafin gwamnatin Bengal ta Yamma ta ba da abin da aka ƙarasa aikin. Idan ka iso inda Apu da yayarsa Durga suke kara kunne a jikin turken waya, sannan suka ratsa dogayen ciyayi masu farin fure don ganin jirgin ƙasa, kada ka jira wani ya yi bayani. Ka dubi fuskokin yaran da baƙin hayaƙin jirgin, domin a irin waɗannan wurare Ray yake ajiye maganarsa. Daga nan ka bi da Aparajito, wanda ya ci babbar kyautar bikin finafinai na Venice a 1957, sannan Apur Sansar na 1959, inda Sharmila Tagore ta fara fitowa tana yarinya. Rayuwar mutum ɗaya, wato Apu, ita ce a cikin ukun, don haka kada ka tsallake ko ɗaya.

Charulata na 1964 kuwa, wanda a ganina ya fi su duka ƙwarewa, ka bar shi sai idonka ya saba.

Idan kewar fuskokin da ka sani ta kama ka, ka nemi Shatranj Ke Khilari na 1977, wanda ya yi da Hindi da Urdu, inda Amjad Khan ya fito a matsayin sarkin Awadh, wata masarauta a arewacin Indiya, da Turawan Ingila suka tuɓe, Amitabh Bachchan kuma shi ne muryar da ke ba da labarin.