Idan takardar shaidar lafiyar mota ta ɓata ko ta lalace

Jama'a, duk wanda takardar shaidar lafiyar motarsa ta ɓata, ko ruwa da rana suka cinye rubutun sitikar da ke manne a gilashin gaba, kada ya jira sai jami'an VIO, masu duba lafiyar motoci, sun tare shi a hanya. Ya fara zuwa ofishin 'yan sanda mafi kusa ya kai rahoto, ya karɓi takardar shaidar rahoton, sannan ya yi takardar rantsuwa a kotu wadda za ta ƙunshi lambar motar, lambar shasi da lambar inji, daidai yadda suke a sauran takardunsa.

Daga nan sai ya tafi da motar kanta ofishin da ya ba shi takardar tun farko, ɗauke da rasit ɗin biyan kuɗi idan yana nan, domin mai yiwuwa su sake duba birki, fitilu da tayoyi. Sitikar da ta yage kuwa, kada a jefar da guntayenta, domin lambar da ke jikinta tana sauƙaƙa binciken bayanai.

A guji 'yan kamashon da ke tsaye a bakin ƙofa, domin ta hannunsu takardun jabu suka fi fitowa. Idan sabuwar ta fito, a ɗauki hotonta a waya.